Gine-ginen da muke gani a fina-finan Chanis: na gaske ne ko haɗi ne?

Wani ɗan'uwa ya aiko min da tambaya, ya ce shi tun yana yaro yake kallon fim ɗin Chanis, tun daga na kungfu har zuwa masu dogon zangon nan da ake fassarawa da Hausa, kuma kullum abin da ya fi ɗaukar hankalinsa shi ne fadojin nan masu jan bango da rufi ruwan ɗorawa, da doguwar ganuwar nan da ke bin kan duwatsu. Ya ce shin da gaske haka ƙasar Sin take a zamanin da, ko dai 'yan fim ne kawai ke haɗa mana?

Toh ɗan'uwa, ka sosa min inda ke min ƙaiƙayi, don tarihin gine-gine shi na karanta shi nake koyarwa, kuma wasu daga wuraren nan na taka su da ƙafata. Gine-ginen dai akwai su, wannan babu shakka. Amma yawancin abin da ka gani a fim ba a cikinsu aka ɗauka ba. Kuma ni ba wannan ne ma ya fi damuna ba, abin da ke damuna shi ne cakuɗa zamani. Ƙasar da ke da rubutaccen tarihi na sama da shekara dubu uku, sai 'yan fim su ɗauki kamannin birni ɗaya, wato Beijing ta zamanin daulolin Ming da Qing, su lulluɓa wa duk tarihin. Kamar a ce za a yi fim ɗin Bagauda ko Sarauniya Amina sai a nuna su a bene mai rufin kwano da tagar gilashi, ai kai ma ka san da ka gani za ka ce a'a, ba haka ba ne. To irin wannan muke haɗiya kullum a fim ɗin Chanis ba mu sani ba.

Mu fara da ganuwa tunda ita ka fi ambata. Wannan da kake gani ta bulo mai faɗi, mai hasumiyar tsaro nan da can, wadda dawaki za su iya jerawa a kanta, aikin daular Ming ne, wadda ta yi mulki daga 1368 zuwa 1644. Amma a fim sai ka ga an nuna ta a labarin Qin Shi Huang, sarkin da ya haɗe ƙasar a shekara ta 221 kafin haihuwar Annabi Isa (AS). Tsakaninsu fa sama da shekara dubu ɗaya da ɗari biyar ne! Ganuwar zamanin daularsa ta Qin da ta Han da ta biyo bayanta yawanci ta ƙasa ce da tarin duwatsu. Yadda suke yi, a kafa katako hagu da dama, a zuba ƙasa a tsakiya, a yi ta kirɓawa da tabarya har ta daskare, sai a ɗaga katakon sama a sake zuba wata. A can yamma wajen Dunhuang inda hamada ce babu ƙasa mai danƙo, sai su shimfiɗa kara da rassan itace, su zuba tsakuwa, su sake shimfiɗa kara, haka haka har ta tashi. Wallahi ranar da na tsaya gaban guntun irin wannan ganuwar, ba abin da ya faɗo min a rai sai badalar Kano, launin ƙasar, yadda ruwa da iska suka zaizaye ta, har yadda ta zama tudu a wasu wuraren. Ginin ba iri ɗaya ba ne, mu da tubali muka yi su kirɓawa suka yi, amma duk wanda ya tashi kusa da ganuwar Kano zai fi fahimtar tsohuwar ganuwar Sin fiye da wanda a fim kawai ya san ta.

Sannan ba ganuwa ɗaya ba ce miƙaƙƙiya. Ganuwoyi ne barkatai, wasu a jere, wasu sun yi reshe, wasu sun katse an bar wa tsauni ko kogi aikin. Awon da hukuma ta fitar a 2012 ya ce jimillarsu kilomita 21,196, ta Ming kaɗai wajen 8,850. Ita ma ta Ming ɗin, abin da kamara ke nuna maka kusan kullum ɓangarorin kusa da Beijing ne irin su Badaling da Mutianyu waɗanda aka gyara saboda 'yan yawon buɗe ido. Wani babban kaso nata ya riga ya ɓace, ruwan sama ya ci, mutanen ƙauye sun kwashe bulo sun gina gidaje da garken aladu, irin dai yadda muka bari ana haƙar tamu ana gini a kai. Wani abu da zai ba ka mamaki, maginan Ming suna dafa shinkafa mai danƙo su haɗa ruwanta da farar ƙasa su yi kwaɓin ɗaura bulo da shi, shi ya sa a wasu wuraren bulon ya zaizaye amma farin layin da ke tsakani yana nan daram.

Shi kuwa fim ɗin The Great Wall na 2016, wanda Zhang Yimou ya ba da umarni Matt Damon ya fito a ciki, ba a kan ganuwar aka ɗauke shi ba, gina tasu suka yi a situdiyo a Qingdao kwamfuta ta ƙarasa sauran. Labarin na zamanin daular Song ne, ganuwar kuma kamannin ta Ming, aka ƙara mata wuƙaƙe masu fitowa daga bango da injina. Wannan ban cika damuwa da shi ba tunda yaƙi da dodanni ake yi, kowa ya san tatsuniya ce.

Wanda ya fi ba ni haushi Mulan ne, labarin yarinyar da ta yi shigar maza ta tafi yaƙi a madadin mahaifinta, duka fina-finan biyu na Disney. Waƙar da labarin ya samo asali ana danganta ta da zamanin daular Wei ta Arewa, tsakanin 386 da 534, babban birninsu kuma Pingcheng, wato Datong ta yau, daga baya suka koma Luoyang. Amma katun ɗin Disney na 1998 ya buɗe da ganuwar bulo ta Ming, ya rufe da fada mai kama da Haramtaccen Birni na Beijing, wato fadar sarakunan Ming da Qing, wanda sai a 1420 aka gama shi, kusan shekara ɗari tara bayan nan. Da suka zo sake shi da mutane a 2020 sai suka ajiye Mulan a cikin tulou. Tulou wasu manyan gidaje ne na ƙasa zagayayyu kamar ƙaton rumbu, hawa uku huɗu har biyar, ƙofa ɗaya tak, dangi guda ɗaruruwan mutane a ciki, rijiya da wurin girmama kakanni a tsakiya. Gini ne mai ban sha'awa gaskiya, UNESCO ta sa guda 46 a jerin kayan tarihin duniya a 2008. Amma a lardin Fujian suke can kudu maso gabas, an fi saninsu da mutanen Hakka, kuma ƙarnoni da yawa bayan zamanin Mulan aka fara gina su. Ita kuwa 'yar arewa ce. Su kansu 'yan Sin sun yi ta ƙorafi a kan wannan. Ka ɗauka an yi fim ɗin 'yar Daura an zaunar da ita a gidan kan ruwa na masunta a Legas don kawai ya fi kyau a hoto.

To ina ake ɗaukar fadojin da kake gani? Amsa ita ce Hengdian, wani gari a lardin Zhejiang. Wani ɗan kasuwa mai suna Xu Wenrong ne ya fara abin a 1996, lokacin da darakta Xie Jin ke neman inda zai ɗauki fim ɗinsa The Opium War, sai aka gina masa titin tsohuwar Guangzhou sukutum. Bayan nan aka gina fadar Qin saboda fim ɗin Chen Kaige, The Emperor and the Assassin, kuma a ita wannan fadar aka ɗauki Hero na 2002 wanda Jet Li ya fito. Daga baya suka kwaikwayi Haramtaccen Birni da girmansa. Daga shekarar 2000 suka daina karɓar kuɗin lokeshin, su ci riba ta otal da hayar kaya da abinci da 'yan kallo, shi kenan sai furodusoshi suka yi ta tururuwa. Shi ya sa in ka lura da kyau, matakala ɗaya, ƙofa ɗaya, dogon lungu ɗaya mai jan bango za ka yi ta gani a fina-finai daban-daban, yau sarkin Han ne ke sauka daga kanta gobe na Qing. Daga nesa ba ka bambancewa, amma in ka matsa ka dafa ginshiƙi sai ka ji sanyin siminti a tafin hannunka, fenti ne kawai ja a kai. Na Beijing kuwa itace ne, za ka ga inda ya tsage, ka ga dutsen dandamali ya lotsa saboda sawun mutane na shekara ɗari shida.

Kuma ban ga laifinsu ba a nan. Haramtaccen Birni katako ne, wuta ce babbar abokiyar gabarsa. A 1421, watanni kaɗan da buɗe shi, tsawa ta faɗa manyan zaurukan uku suka ƙone ƙurmus, babban zauren da ke tsaye yanzu ma ginin 1695 ne. Shi ya sa ko'ina ka duba za ka ga manyan randunan tagulla da ƙarfe na ajiye ruwa. Wa zai yarda a shigo masa da manyan fitilu da wayoyin lantarki da dawaki ɗari cikin irin wannan wuri? Ga jama'a, har sai da aka ƙayyade masu shiga zuwa 80,000 a rana a 2015.

Illar Hengdian ita ce abin da na faɗa tun farko, cakuɗa zamani. Dubi Curse of the Golden Flower na 2006, labarin an ce na shekarar 928 ne, amma filin fadar da aka shimfiɗe da furanni ruwan ɗorawa kwaikwayon ginin ƙarni na 15 ne. Hero kuwa sun kyauta da suka yi fadar baƙa ƙirin, don tarihi ya tabbatar daular Qin baƙi ta ɗauka launin sarauta. Sai dai ka sani babu ginin katako ko ɗaya na Qin da ya rage a duniya, abin da ya saura tudun harsashi ne da gutsattsarin tayil ɗin rufi, duk sauran hasashen mai zane ne. Har shahararriyar fadar Epang da mawaƙa suka yi ta kuranta girmanta suna cewa an ƙone ta, da masu tono suka bincika a farkon shekarun 2000 sai suka tarar harsashin ƙasa kawai aka yi, ba a ma gama ta ba.

Bari in ba ka 'yan abubuwan da za ka riƙa dubawa da kanka. Na farko kujera. Mutanen Qin da Han a kan tabarma suke zama a durƙushe da ɗan gajeren tebur a gaba, kujera mai ƙafa sai wajen ƙarshen daular Tang zuwa ta Song ta zama ruwan dare, don haka in ka ga janar na zamanin Han ya hakimce a doguwar kujera ya ɗora ƙafa ɗaya kan ɗaya, an yi kuskure. Sai launin rufi. A zamanin Ming da Qing tayil mai sheƙi ruwan ɗorawa na sarki ne, 'ya'yan sarki kore, talaka toka-toka, kuma doka ce ba ado ba. Ko a cikin fadar, ɗakin ajiye littattafai baƙin rufi aka yi masa saboda a fahimtarsu baƙi alamar ruwa ne, ruwa kuma maganin wuta. Ƙusoshin zinaren da ke jikin manyan ƙofofin sarki layi tara ne sau tara, 81. 'Yan dabbobin nan da ke jere a kusurwar rufi su ma lissafi ne, yawansu ke nuna darajar ginin, babban zauren sarauta ne kaɗai ke da goma. Duk ginin magana yake yi, kamar yadda a wurinmu zanko da zanen gaban gida da yawan soraye ke gaya maka matsayin mai gidan tun kafin ka yi sallama. Fim mai araha ba ruwansa da wannan, sai ka ga gidan attajirin ƙauye da rufin sarki.

Sojojin yumɓu na Xi'an, waɗanda aka binne kusa da kabarin Qin Shi Huang, ba zan daɗe a kansu ba. Manoma ne suka ci karo da su a 1974 suna haƙar rijiya, an ƙiyasta sun kai 8,000. A fim kullum launin ƙasa ake nuna su, ko su farka su yi yaƙi kamar a The Mummy: Tomb of the Dragon Emperor na 2008. Alhali da fenti suke, ja da kore da shuɗi da shunayya, fuska kalar fatar mutum, sai dai da iska ta buga su bayan tono fentin ke naɗewa ya zube cikin 'yan mintoci. Shi kansa kabarin sarkin har yau ba a buɗe shi ba, don haka fadar nan mai shawagi a iska da Jackie Chan ya shiga a The Myth ƙirƙira ce zalla. Abin da ake da shi rubutun masanin tarihi Sima Qian ne da ya ce an yi koguna na zaiba a ciki, kuma gwajin ƙasar tudun ya nuna zaiba mai yawa. Haka haikalin Shaolin da ya shahara da kungfu, an kafa shi a 495, amma wani madugun yaƙi Shi Yousan ya banka masa wuta a 1928. Fina-finan Shaolin na Hong Kong na shekarun 1970 da iyayenmu suka kalla a silima a situdiyo aka yi su. Na 1982 da ya fito da Jet Li shi ne ya je ainihin wurin, kuma bayan fim ɗin ne jama'a suka yi ca, aka sake gina zauruka da dama. Ka ga a nan fim ne ya tayar da gini.

Kada ka ɗauka duk suka nake yi. Akwai fina-finai biyu da nake sa ɗalibaina su kalla, don a cikinsu ginin ba ado ba ne a bayan jarumi, shi ne labarin.

Na farko The Last Emperor na Bernardo Bertolucci, 1987, wanda gwamnatin Sin ta ba shi izinin ɗauka a cikin ainihin Haramtaccen Birni, ya kuma ci kyautar Oscar tara. Labarin Puyi ne da aka naɗa sarki a 1908 bai cika shekara uku ba. Akwai inda yaron ya sauko daga karaga ya ruga ya ture wani ƙaton labule ruwan ɗorawa, sai ga fili fetal cike da dubban mutane sun faɗi suna gaisuwa. A nan za ka gane dalilin da ya sa filin ya yi wannan faɗin babu ko bishiya ɗaya, an yi shi ne don mutum ya ji kansa ɗan ƙarami tun kafin ya iso gaban sarki. Amma da fim ya ci gaba sai ka ga wannan girman ya koma kurkuku, yaro yana gudu a dogon lungu tsakanin jajayen bangaye, yana isa ƙofa ana rufe ta a fuskarsa. Kuma tarihi ne ba ƙari ba cewa Puyi ya sa an sassare dokin ƙofa a wurare da dama don ya samu hanyar tuƙa kekensa. In ka ga tsayin dokin ƙofar nan, wani ya kusa kai maka gwiwa, za ka gane me hakan ke nufi a wurin fadawan da suka ɗauke shi abu mai alfarma. An kore shi daga fadar a 1924, ta zama gidan tarihi a 1925, a ƙarshen fim ɗin sai ga shi tsoho ya yanki tikiti zai shiga gidan da ya tashi a ciki.

Na biyu Raise the Red Lantern na Zhang Yimou, 1991, kuma wannan na san zai taɓa duk Bahaushen da ya kalla. Yarinya 'yar makaranta aka kai ta a ta huɗu gidan wani attajiri a shekarun 1920. An ɗauke shi a gidan iyalan Qiao a lardin Shanxi, gidan 'yan kasuwa mai ɗakuna 313, bangon waje dogo kamar ganuwa babu taga. Kowace mata da sashenta, kowane sashe ɗan siririn tsakar gida ne da ɗakuna hagu da dama, kamara kuma sai ta hau kan rufi ta leƙo ƙasa ka ga mace ita kaɗai tsaye kamar a cikin rijiya, sararin sama ɗan tsiri a kanta. Maigidan ko sau ɗaya ba a nuna fuskarsa kusa ba, gidan ne fuskarsa. Duk wanda ya san gidan yawa, ya san rabon kwana da zaman kishi da yadda sawun maigida zuwa wani sashe ke zama labarin gida gaba ɗaya, ba sai an fassara masa ba. Amma ko a nan akwai haɗi, al'adar nan ta kunna jajayen fitilu a ƙofar mai kwana ba tsohuwar al'ada ba ce, don fim ɗin aka ƙirƙire ta. Yanzu ka je gidan za ka tarar an rataye jajayen fitilu ko'ina saboda baƙi abin da suka zo nema kenan.

Sai maganar Tang, daular da ta yi mulki daga 618 zuwa 907, wadda 'yan Sin ke alfahari da ita fiye da kowace, fina-finanta kuma ba iyaka. Matsalar ita ce gine-ginen katako na Tang da suka rage ba su cika yatsun hannu ɗaya ba, kusan duk a Shanxi. Don haka masu gina lokeshin sukan leƙa Japan, inda akwai tsofaffin haikalai a Nara da aka gina bisa koyi da Tang, irin Toshodaiji da wani malamin addinin Buddha ɗan Sin, Jianzhen, ya kafa a 759. Koyi da waɗannan ba laifi ba ne, laifin shi ne a garin kwasa sai a haɗo da salon da Japanawa suka ƙirƙira daga baya, irin lanƙwasasshen goshin rufin nan da tsakuwar lambu da aka shara da manjagara, a ce maka wai Tang ce. Masana a Sin suna ta faɗa a kan wannan.

In kana son ganin Tang ta gaske, nemi hoton babban zauren haikalin Foguang da ke yankin tsaunin Wutai. Ba ruwan ɗorawa, ba ƙyalƙyali, rufi ne toka-toka mai faɗi da ya miƙo waje sosai kamar fiffiken shaho. Ka dubi ƙarƙashin rufin, za ka ga wasu gutattakin katako an saƙa su cikin juna hawa-hawa, kowane ya ɗan fi na ƙasansa fitowa. Sunansu dougong, su ke karɓar nauyin rufi su sauke shi kan ginshiƙi, a sarƙe suke ba ƙusa ke riƙe su ba, shi ya sa in girgizar ƙasa ta zo sai ginin ya yi rangaji ya dawo. Bango a irin wannan gini ba ya ɗaukar kaya, labule ne kawai, akasin ginin ƙasa namu inda bango ke ɗauke da azara. A Foguang tsayin dougong ɗin ya kai kusan rabin ginshiƙin da ke ƙarƙashinsa, kafin zamanin Qing kuwa sun ƙanƙance sun yi yawa sun koma kusan ado. Da wannan kaɗai za ka iya kallon fada a fim ka faɗi zamanin da aka kwaikwaya.

Yadda aka gano shekarun ginin ma abin ji ne. A lokacin wasu masanan Japan na cewa babu sauran ginin katako na Tang a Sin. Sai wani masanin gine-gine Liang Sicheng da matarsa Lin Huiyin suka bi sawun wani zane da ke jikin bangon kogon Dunhuang, suka hau alfadarai suka isa wurin a bazarar 1937. Suka shiga cikin silin, duhu, ƙura, jemagu dubbai a manne da katako, ga kuɗin cizo, suka yi kwanaki suna awo a haka. Ita Lin ce ta hango wani dusasshen rubutu a ƙasan wata azara, aka kafa tsani aka goge ƙurar da jiƙaƙƙen tsumma, sai ga sunan wata mata da ta ba da kuɗin ginin, Ning Gongyu. Sunan nan kuma shi ne a jikin ginshiƙin dutse da ke tsaye a ƙofar zauren, mai ɗauke da shekarar da ta yi daidai da 857. Suna can cikin duwatsu yaƙi da Japan ya ɓarke ba su ma ji ba sai bayan kwanaki. Zauren yana nan tsaye har yau, da gumakansa na yumɓu da rubutun nan a jikin azara.